Kason Marigayi a Gidan Darduma

"Ja ta wancan gefen," in ji Basiru. "Har yanzu ana ganin rubutun."

Abdou ya kama bakin tsohuwar dardumar ya ja. Ta rufe rubutun, amma sai ta bar jan maɓallin ɗaya gefen a fili. Ya tsaya ya riƙe ƙugu yana duban aikin da suka yi. Injin wankin da aka kawo daga Turkiyya wata bakwai da suka wuce, wanda ya kai ƙaramar mota tsawo, yana kwance ƙarƙashin darduma huɗu kamar mai zazzaɓi.

"Alhaji, shekarata tara ina tuƙi a gidan nan," Abdou ya ce. "Kullum darduma ake sa wa inji a ciki. Yau na fara ganin an sa inji cikin darduma."

"Ƙura nake kare masa."

"To."

Basiru bai ji daɗin wannan "to" ɗin ba, amma ba shi da lokacin bin ta. Ƙarfe tara saura kwata, kuma ƙarfe tara matar da za ta kimanta darajar kamfanin ta ce za ta iso.

Gidan Darduma shi ne sunan da Hausawan Riyad suka laƙaba wa wurin. Sunan da ke takarda na Larabci ne mai tsawo, ba mai faɗarsa sai banki. Babbar rumfar ƙarfe ce a Birnin Masana'antu na Biyu, tsakanin masu haɗa kwali da masu gyaran firji, inda ake wanke dardumar masallatai da ta ɗakunan biki. Mutum uku suka kafa shi. Maulud, ɗan ƙasa wanda kakansa ya zo hajji daga Kano bai koma ba, shi ke da rabi, kuma yana zaune a Jidda, sau biyu yake leƙowa a shekara. Basiru mutumin Funtuwa yana da kashi talatin, shi ke kula da injuna da ma'aikata. Ragowar kashi ashirin na Laouali ne, mutumin Maraɗi, wanda ya yanke jiki ya faɗi a bakin masallaci bayan La'asar wata biyar da suka wuce. An kai shi asibiti a Shumaisi, bai kai Magariba ba.

Yanzu kashi ashirin ɗin nan ake so a san kuɗinsa. Lauyan da ke haɗa takardun gado a Maraɗi ya ce ba zai iya komai ba sai an ba shi adadi a rubuce da hatimi, domin da shi za a raba wa magada, da shi kuma ofishin haraji zai yanki nasa. Saidou, ƙanin marigayin, ya kira Basiru sau uku daga can yana nanata masa cewa duk yadda adadin ya yi girma, haka yankan gwamnati zai yi girma. Da wannan Basiru ya riƙe. Taimakon iyalin abokinsa yake yi.

Akwai kuma wani layi a yarjejeniyar kamfanin wanda bai cika son tunawa da shi ba. Layin ya ce idan magada za su sayar, abokan tarayya ne za a fara yi wa tayi, a kan farashin da mai kimantawa ya yanke. Maulud ya riga ya ce shi ba ya buƙata. Da safen nan, wajen karin kumallo, matar Basiru, Safiyatu, ta saurari duk bayaninsa, sannan ta tambaye shi ko ragin farashin da yake nema na marayu ne ko nasa. Ya ce mata shayin ya yi ƙarancin sukari.

Ƙarfe tara saura minti biyu wata farar mota ta tsaya a bakin ƙofa. Matar da ta fito ba ta fi shekara talatin da biyar ba, da abaya ruwan toka, da takalmin da ake iya shiga ruwa da shi. Wannan takalmin ne ya fara damun Basiru.

"Ustaz Basiru? Marwa ce, daga ofishin kimantawa. Allah ya jiƙan abokinka."

Da Larabci ta yi maganar, da shi ya amsa, irin nasa na shekara ashirin da biyu a cikin masana'anta. Ya yi mata tayin gahawa a ofis. Ta ce sai ta fara zagayawa.

Ta ɗauki hoton motocin uku da lambobinsu. Ta shiga ɗakin busarwa ta daɗe a ciki, ta fito tana share gumi. Ta tambayi wani ma'aikaci ɗan Bangaladash darduma nawa yake wankewa a wuni, ya faɗa mata gaskiya tun kafin Basiru ya samu damar yin tari. Duk inda suka bi, Basiru na nuna mata abin da ya lalace: famfon da ke ɗiga, rufin da ya yi tsatsa, ƙofar da ba ta rufuwa sai an sa ƙafa. Tana gyaɗa kai tana rubutawa a allon kwamfutarta.

Da suka iso ƙuryar rumfar sai ta tsaya.

"A takardun da Ustaz Maulud ya turo mini akwai rasiɗin wani inji na Turkiyya. Ban gan shi ba."

Basiru ya dubi Abdou. Abdou na duban rufi kamar yau ya fara ganinsa. Marwa ta matsa ta ɗaga bakin darduma ɗaya da yatsu biyu, ta leƙa, ta mayar a hankali.

"Ma sha Allah," ta ce. "Na shiga masana'antu da yawa, ban taɓa ganin wanda ke lulluɓe injinsa ba. Zan rubuta cewa ana matuƙar kula da shi. Irin wannan ba ya saurin faɗuwa daraja."

Abdou ya tuna yana da aiki a waje, ya fita da sauri kafaɗunsa na rawa.

Suna zaune a ofis, gahawa ta zagaya sau biyu, tasi ta sauke Delou, matar marigayin, da 'yarta daga unguwar Jaradiya. Mako uku ke nan da Delou ta fita takaba, kuma duk tsawon shekarun da mijinta ya yi a wurin, yau ne ta fara taka shi. Gajeriyar mace ce mai nutsuwa, bakin atamfarta na leƙowa ta ƙasan abaya. Sahadatou ta fi ta tsawo. Shekararta goma sha tara, a Riyad aka haife ta, tana shekarar farko a makarantar koyon jinya. Sau biyu kacal ta taɓa zuwa Maraɗi, kuma idan ta yi Hausa, Larabci ne ke riƙe da kalmomin.

"Hajiya, sannu da hanya. Ya ƙarin haƙuri?"

"Haƙuri sai ma'aiki, Alhaji. Ina su Safiyatu?"

"Suna gaishe ki."

"Ammu Basiru, ina kwana," in ji Sahadatou, tana kiransa baffa da Larabci.

Basiru ya ja musu kujeru. Bai so ya haɗa ido da yarinyar ba. Iƙamarsu, takardar zaman ƙasa, a ƙarƙashin sunan Laouali take, kuma za ta ƙare bayan ƙaramar Sallah. Ga shi yau sha biyu ga Sha'aban. Kowa ya ɗauka za su karɓi kuɗinsu su koma gida, ba wanda ya tsaya ya tambaye su.

Bayan gaisuwa Delou ta gyara zama ta dubi 'yarta. "Ki gaya mata saƙon Saidou, in sauke nauyi."

Sahadatou ta ɗan sunkuyar da kai, ta juya zuwa Larabci. "Baffana ya ce ko za a iya yin takarda biyu. Ɗaya mai ƙaramin adadi don masu haraji, ɗaya mai babba don wanda zai saya."

Marwa ta yi dariya har ta ajiye ƙaramin kofinta. "Kowane mako sai an roƙe ni wannan. Ki ce masa ina gaisuwa. Takarda ɗaya ce, adadi ɗaya, kuma na ranar da marigayi ya rasu."

"Na gaya mishi haka za a ce," in ji Delou da Hausa. "Shi Saidou so yake masu lanho su ga talaka, Alhaji kuma shi ga mai arziki."

Marwa ta juyo musu da allon. Ta ce kamfani irin wannan ba ya kasuwar hannun jari, ba a wayi gari an ga farashinsa a labarai, don haka dole sai an zauna an auna. Ba injuna da motoci kaɗai ake dubawa ba, ana duba abin da wurin ke samarwa a shekara, da ko zai ci gaba da samarwa. A lissafinta na farko, gidan gaba ɗaya ya kai riyal miliyan biyu da dubu ɗari huɗu.

Sahadatou ta buɗe baki za ta fassara, amma mahaifiyarta ta riga ta.

"Kenan namu dubu ɗari huɗu da tamanin."

"Da za a sayar da gidan duka a raba, haka ne," in ji Marwa, tana dubanta da kyau. "Amma ba gidan ake sayarwa ba, kashi ashirin ne. Mai kashi ashirin ba ya iya cewa a raba riba bana, ba ya iya sallamar kowa, ba ya iya cewa a sayar da mota. Kuma in ya so fita, ba kasuwar da zai kai. Wanda zai saya ya san haka, ba zai biya cikakken kuɗi ba. Saboda haka akwai ragi biyu."

Sahadatou ta yi ƙoƙarin mayar da wannan Hausa, ta sarƙe a tsakiya. Delou ta ɗaga mata hannu.

"Na gane, ɗiyata. Kamar an haɗa kuɗin watanda ne an sayi saniya, amma an ce ba za a yanka ba. Ƙafa guda taki ce. Ba ki iya tatsa, ba ki iya kai ƙafar kasuwa."

Sai da Basiru ya yi minti uku yana yi wa Marwa bayanin watanda. Da ta gane, ta ce ta yi shekara huɗu a jami'a ba a taɓa faɗa mata shi a taƙaice haka ba.

"Saura abu na uku," ta ce. "Wani lokaci kamfani mutum ɗaya ne ke riƙe da shi. In ya tafi, masu kawo aiki sai su bi shi. Wa ke riƙe da masu kawo muku aiki?"

Nan Basiru ya ji ƙasa ta yi masa tauri a ƙarƙashin ƙafa, domin abin da zai faɗa gaskiya ne tsantsa, kuma gaskiyar tana gefensa.

"Laouali," ya ce. "Wallahi shi kaɗai. Ni inji na sani. Shi ne ya san kowane ladani daga Shumaisi har Batha. Ya san masallacin da limaminsa ba ya son turare a darduma, ya san ɗakin bikin da ba sa biya sai an je an sha shayi. Ba ya taɓa mantawa. Mutum zai manta yaushe aka wanke masa darduma, sai wayar Laouali ta tuna masa. Mun yi rashin da ba a mayarwa." Muryarsa ta ɗan karye a ƙarshe, kuma ba da gangan ba.

Marwa ta bari ya kurɓi ruwa. "Na yarda da kai. Abu ɗaya ne ya ɗaure mini kai. Na duba wata biyar ɗin da suka biyo bayan rasuwar. Aiki bai ragu ba. A Rajab ma ya ƙaru."

"Mutane ne ke tausaya mana. Kuma Abdou direbanmu ya yi ƙoƙari, shi ya ɗauki kiran waya. Kullum da safe yana zuwa da jerin wuraren da za a je. Har albashi na ƙara masa."

A daidai nan wata waya ta fara ƙara a cikin jakar Delou. Ta duba ta, ta duba su, kamar mai neman izini. Tsohuwar waya ce mai tsagaggen gilashi, an ɗaure bayanta da salatif. Basiru ya san ta. Lambarta ce a rubuce a jikin motocin uku.

"Ku yi mini haƙuri, wanga ba ya son jira," ta ce, ta kara a kunne.

Larabcin da ya fito daga bakinta ba na makaranta ba ne, na kasuwa ne, mai sauri, ba ko tuntuɓe. Ta gaishe da wani Abu Fahad, ta tambayi ƙafar mahaifiyarsa. Ta ce a'a, Laraba ta cika, amma in ya yarda a ɗauka Alhamis bayan Azahar, za a shimfiɗa masa kafin Juma'ar sama. Ta tuna masa cewa bara sahun gaba kaɗai aka wanke, na mata shekara biyu ke nan ba a taɓa ba, kuma tarawihi na zuwa. Ta saurara, ta yi murmushi, ta ce to duka biyun kenan. Ta ajiye wayar a cinya.

Basiru ya ajiye kofinsa.

"Hajiya," in ji Basiru. "Tun yaushe?"

"Amsa waya, shekara bakwai da wani abu." Ta gyara lulluɓinta. "Marigayi mutum ne na mutane, Allah shi jiƙai nai. In ya shiga masallaci sai ya fito da aboki. Amma kai ma ka san shi, ranar haihuwar ɗiyarshi ma sai an tuna mishi. Shi ke samo su, shi kawo mini lamba. Ni ke riƙe su. Da safe in gaya mishi inda za a tafi, shi gaya ma Abdou."

"Tana takaba ma ba ta daina ba," in ji Sahadatou. "Ta ce waya ba fita ba ce."

Basiru ya miƙe ya leƙa ta taga ya ƙwala wa Abdou kira. Abdou ya shigo yana goge hannu da tsumma.

"Jerin da kake kawowa da safe, wa ke ba ka?"

"Hajiya. Tana turo mini da murya bayan Asuba."

"Me ya sa ba ka taɓa faɗa mini ba?"

"Ba ka tambaya ba, Alhaji."

"Da na ƙara maka albashi fa?"

"Na ɗauka na tsufa ne."

Sahadatou ce ta fara fashewa da dariya, ta toshe baki da gefen mayafi. Marwa ta nemi a fassara mata, aka fassara, ita ma ta bi sahu. Basiru ya koma ya zauna.

Da dariyar ta lafa, Marwa ta ce, "To, ranar da marigayi ya rasu, mai riƙe da masu kawo aiki tana raye. Ragi na uku ya dogara da abu ɗaya. In Ummu Sahadatou za ta bar ƙasar, mai saye zai ji tsoro, zan yi ragi mai yawa. In tana nan, babu ragi. Sai na san wanne ne kafin in rubuta."

Aka kira Azahar a masallacin masana'antun. Basiru ya ji daɗin samun dalilin fita.

A hanyar dawowa daga salla ya bar Abdou ya wuce gaba, shi ya tsaya a inuwar wata babbar mota. Lissafin ba shi da wuya. In ya yi shiru, iƙama za ta ƙare da kanta, Delou ta tafi, ragin ya tabbata, ya sayi kashi ashirin da araha. Sannan ya zauna da rabin kamfanin da ba wanda ya san ranar da za a kira Abu Fahad. Ya tuna shekarar da suka fara, shi da Laouali, da buroshi biyu da tiyo a bayan wani gareji a Jaradiya, suna cin shinkafa a faranti ɗaya. Har a lokacin Laouali kan zo da ƙunshin abinci daga gida, a ciki da 'yar takarda da yake dubawa a ɓoye. Basiru ya ɗauka addu'a ce.

Ya ciro waya ya kira Maulud a Jidda. Sun yi minti goma. Maulud ya yi ta dariya, ya ce shi dama ya daɗe yana mamakin yadda mutumin da ya taɓa manta motarsa a filin jirgi yake tuna masallaci ɗari. Game da takardu kuma ya ce zai sa lauyan kamfani ya duba yau ɗin nan, yana ganin akwai hanya in dai aiki ne na gaske da albashi na gaske.

Basiru ya sa aka kawo kabsa daga gidan abincin da ke bakin titi. Matan suka ci a ofis, shi da ma'aikata a rumfa. Bayan an kwashe kwanuka ya yi sallama ya shiga, ya zauna a bakin kujera.

"Hajiya, akwai maganar da zan faɗa, gara ki ji daga bakina. Da safen nan ni da Abdou mun rufe sabon inji don kada a gan shi. Na ce wa kaina don harajinku ne. Rabi don shi ne. Rabin kuma don ni zan saya."

Delou ta dube shi. Fuskarta ba ta nuna fushi ba.

"Alhaji, wanda ya yi niyyar cin amana ba ya kiran Abdou shi taya shi. Ya wuce. Allah shi yafe mana duka."

"Amin." Ya numfasa. "Na yi magana da Maulud. In kina so ki zauna, kamfani zai nemi a mayar da iƙamarku kansa, ki zama ma'aikaciya a rubuce. Ban ce an gama ba, lauya zai duba. In kuma gida kike so, ba mai hana ki. Ban taɓa tambayarki ba, shi ne nake tambaya yanzu."

Sahadatou ta daina motsi. Idonta na kan mahaifiyarta.

"Maraɗi gida ne," in ji Delou a hankali. "Ina kewar ta kullum. Amma wagga yarinya saura mata shekara ukku ta gama. In na kai ta can yanzu, ko allurar da ta koya sai ta sake koyon sunanta da Faransanci." Ta juya wayar a hannunta. "Kuma ni ban san mi zan yi da safe ba in wagga ba ta yi ƙara ba. Muna nan. Kasona da na ɗiyata ba na sayarwa ba ne. Na tsohuwarshi da na Saidou, su kuɗi suke so, wannan kai da su."

Sahadatou ta faɗi wata kalma da Larabci ƙasa-ƙasa, ta kifa goshinta a kafaɗar uwar. Delou ta ɗan bubbuga mata baya ba tare da ta dube ta ba.

Marwa ta ja allonta. "To babu ragi na uku. Adadin zai fi wanda baffan yake so a nuna wa masu haraji, zai kuma gaza wanda yake so a nuna wa mai saye. Yawanci in kowa ya ɗan ji haushi, na yi daidai." Ta yi rubutu, sannan ta ɗago. "Amma akwai gyara ɗaya. Shekara bakwai ana yi wa kamfanin nan aiki kyauta. Ribar da na gani ta kumbura, domin ba a cire albashin wannan kujerar ba. Mai saye dole ya biya wani ya yi aikin. Sai na cire shi daga ribar kowace shekara, kuma hakan zai sauke adadin kaɗan."

Basiru ya ɗan gyara zama. "Kamar nawa?"

"Ya danganta da albashin. Ummu Sahadatou, nawa kike ganin aikin ya kai a wata?"

Delou ba ta yi dogon tunani ba. Ta faɗi adadi, da Larabci, a sarari. Ya ɗara abin da Basiru ke ɗauka wa kansa da riyal ɗari biyar.

Basiru ya juya ga Marwa yana jiran ta ce wani abu.

"Na kimanta kamfanin wanki biyu bara," in ji ta, tana ci gaba da rubutu. "Ta yi maka sauƙi."

Ta ce rahoton zai fito cikin kwana goma, da hatimi, da kwafin Faransanci don lauyan Maraɗi. Ta miƙa musu takardar shaidar ziyara. Basiru ya sa hannu, Delou ta rubuta sunanta da ajami a hankali, harafi bayan harafi. Suka raka Marwa bakin mota, ta yi musu fatan alheri a azumin da ke tafe, ta ja ta tafi.

Basiru ya ce bari ya kira musu tasi. Delou ba ta ji shi ba, tana sauraren wani saƙon murya, wayar a manne da kunnenta. Da ya ƙare ta dubi rumfar, ta dubi motocin uku da ke jere a inuwa, babu wadda aka loda wa kaya.

"Alhaji, masallacin bayan asibiti sun ce tun ƙarfe ɗaya suke jira, sun kwashe tabarmi sun share. Ga shi biyu ta wuce." Ta saka wayar a jaka. "Ban san tsarin gidan ba tukuna. In mota ta makara, wa ake yi ma faɗa?"

Basiru ya waiga. Abdou ya ɓace, ma'aikatan duk sun sami abin yi a can ƙurya.

"Ni ne," ya ce. Ya naɗe hannun rigarsa ya nufi inda aka jera dardumar da ta bushe.